Lafiyar Iyali: Zazzaɓin da ba na sauro ba

A wannan fitowa za mu leƙa Sudan, inda 'yan'uwanmu Hausawa, jikokin mahajjatan da suka bi hanyar Makka da ƙafa, suke zaune tun daga Khartum da Omdurman har Gadarif. Can akwai wata cuta, kala-azar, wadda ya kamata kowane gida ya san kamanninta.

Wani mitsitsin ƙwaro ne da bai kai sauro girma ba yake yaɗa ta. Yana ɓuya a tsagar baƙar ƙasa, inda dushe da aduwa suka yi yawa, ya fito cizo da magariba, musamman a bazara. Cutar takan yi watanni a jiki ba ta nuna kanta ba. Daga baya sai zazzaɓi ya ƙi sauka, saifa ta kumbura, jini ya ragu, mutum ya rame. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce in ba a yi magani ba, fiye da kashi 95 cikin ɗari ba sa tashi.

Khartum ta daɗe da saninta. A 1904 likita Sheffield Neave ya tabbatar da ita a Sudan. A 1988 kuma aka gan ta a jikin 'yan gudun hijirar da suka iso Khartum daga kudu, ashe annoba ce ke ci a Yammacin Upper Nile, wadda ta kashe kimanin mutum 100,000 tsakanin 1984 da 1994. Birni ya ga ciwon, amma a daji aka ɗauko shi.

Abin da muke tsoro ke nan. Yaro ya tafi aikin gona Gadarif, ya dawo Omdurman lafiya lau, bayan wata uku ya kwanta, mu yi ta ɗura masa maganin zazzaɓin sauro har lokaci ya ƙure. Alhali akwai gwajin jini mai sauƙi, kuma tun 2010 aka amince da allurai iri biyu na kwana 17 a madadin na kwana 30.

Saboda haka, in zazzaɓi ya haura mako biyu, mu kai mara lafiya asibiti, mu faɗa wa likita duk inda ya je cikin shekarar. Masu zuwa gona su riƙa kwana cikin gidan sauro mai magani. Allah ya ƙara mana lafiya, amin.