Kada A Jefa Baƙon Kare Cikin 'Yan Gida

 Akwai wata al'ada a birnin Sakkwato wadda ta kamata a bari. Mutum zai sayo kare domin tsaron awakinsa, ko domin farauta a fadamar Rima, sai ya kwance shi a tsakiyar tsofaffin karnukansa, ya ce a bar su su gwada ƙarfi su san babba. Wannan ɓarna ce ta fuska uku.

Ta farko, shari'a. Risala ta Ibn Abi Zaidin Alƙairawani ta yi izinin riƙon kare saboda gona da kiwo da farautar neman abinci. Wanda ya riƙe shi, haƙƙinsa ya hau wuyansa. Hadisi kuma ya hana zuga dabbobi su yi faɗa da juna.

Ta biyu, dukiya. Karen da aka yaga wa kunne ran zuwansa, ko ya zama matsoraci, ko ya zama mai cizon kowa. Kuɗin da aka biya sun tafi a banza.

Ta uku, wadda ta fi girma, ita ce rai. Cutar haukan kare a cikin yawu take, da cizo take shiga jiki, in alamunta suka bayyana kuwa babu magani. Baƙon kare yakan ɗauke ta makonni ba a sani ba. Mai rabon faɗa da almajirin da ya tsaya bakin ƙofa, su ne a gaba wajen shan cizo.

To, ga hanya. A ɗaure baƙon shi kaɗai kamar mako biyu, a kai shi wurin likitan dabbobi a yi masa allura. An san wannan rigakafi tun 1885, kuma Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo tana da asibitin dabbobi a garin nan. Sa'an nan a haɗa su ɗaya bayan ɗaya, a fili, nesa da gida, domin kare a ƙofar gidansa yake jin sarauta. Kowane da igiyarsa da mai riƙonsa, a yi tafiya da su jere da tazara, har su shinshini juna. In gashin baya ya tashi, ko aka ji gurnani, a janye su sai gobe. Kowa da kaskonsa, gama ƙashi guda ya isa tada fitina. In faɗa ya kaure, a kwara musu ruwa, kada a sa hannu.

Wanda aka ciza kuwa, ya wanke wurin da sabulu da ruwa minti 15, ya tafi asibiti ran nan. Karen a ɗaure shi, a lura da shi kwana 10.

Sannu ba ta hana zuwa. Allah Ya kiyaye, amin. Wassalam.