Kura da Fatar Akuya a Cikin Na'ura

Tun da aka katse layukan waya a Zamfara a watan Satumba na 2021, mun saba yin shiru da zarar an ambaci tsaro. Mai POS a Tsafe ya rufe rumfa, ɗan kasuwar Bungudu ya kasa jin farashin hatsi, 'yan bindiga kuwa ba su ƙare ba. Gobe idan aka ce za a sayo manhajar leƙen asiri don kama su, tafi za mu yi. To, mu dakata mu san abin da ake sayowa.

Irin wannan manhaja ba ta zuwa da fuskarta. Tana cusa umarninta ne cikin wata amintacciyar manhaja da ke tsakar aiki, sai mai gadin na'urar ya ga ɗan gida ya bar shi ya wuce. Masu gyaran manhaja da masu riga-kafin kwamfuta ma da wannan dabara suke aiki. Dabarar ba ta tambayar wanda ya riƙe ta.

Hukumar leƙen asirin Amurka, NSA, ta ƙera irin wannan makami mai suna DoublePulsar, ta ɓoye. A watan Afrilu na 2017 aka fallasa shi ga duniya. Cikin watan Mayu aka yi amfani da shi a harin WannaCry, wanda ya shafi ƙasashe sama da 150, har asibitocin Ingila suka riƙa mayar da marasa lafiya gida. Idan Amurka ta kasa tsare nata, wa zai tsare namu?

A gida ma mun gani. Takardun kamfanin Hacking Team na Italiya da suka fallasa a 2015 sun nuna gwamnatin Bayelsa cikin masu sayen kayansa. Abin da aka saya da sunan ɗan bindiga yana iya kwana a wayar ɗan jarida ko ɗan adawa.

Za a ce jini na zuba, mu muna zancen doka. Jininmu ne, shi ya sa muke magana. A yi leƙen, amma da izinin alƙali, kuma majalisa ta san kuɗin da aka kashe. Sannan a koya wa ɗaliban Jami'ar Tarayya ta Gusau gano wannan kura, a daina kiran duk yaron da ya iya kwamfuta ɗan damfara.