Shin Bahaushe Yana da Falsafar Almuru?

A shekarar 1909 wani masanin al'adu mai suna Arnold van Gennep ya wallafa littafi da harshen Faransanci a kan bukukuwan sauyin matsayi a rayuwar ɗan'adam. A ganinsa, duk wanda zai bar wani matsayi ya shiga wani, sai ya rabu da tsohon, ya ɗan zauna a tsakani, sannan a karɓe shi cikin sabon. Wannan zaman na tsakani ya kwatanta shi da bakin ƙofa, inda mutum bai fita ba kuma bai shiga ba. Daga baya Victor Turner, wanda ya yi bincike a cikin al'ummar Ndembu ta ƙasar Zambiya, ya faɗaɗa wannan ra'i a littafinsa na 1969, har ya zama abin da manazarta al'ada ke yawan ɗauka su auna al'adunsu da shi.

Idan ɗalibi ya ɗauki wannan ma'auni ya waiwayi ƙasar Hausa, abin da zai gani zai burge shi. Harshen ya ware wa gaɓoɓin yini sunaye masu yawa, musamman inda haske da duhu ke cuɗanya: asuba, jijjifi, duku-duku, la'asar sakaliya, almuru, magariba. Almuru kuwa lokaci ne na taka tsantsan. Uwa kan kira 'ya'yanta su shigo gida, a hana barci, a hana watsa ruwan zafi ba tare da bisimilla ba, saboda imanin cewa a lokacin ne iskoki ke yawo. A lissafin Musulunci ma da faɗuwar rana sabuwar rana ke kamawa, shi ya sa daren Juma'a yake zuwa kafin yinin Juma'a. Ga zaure, wanda ba waje ba ne ba kuma cikin gida ba. Ga jariri kafin kwana bakwai, ba shi da suna. Ga amarya a cikin lalle, ga mai jego a kwana arba'in ɗinta, ga mai takaba a wata huɗu da kwana goma, ga kuma barzahu tsakanin duniya da lahira.

A nan ne santsin yake. Abu ne mai sauƙi a tattara waɗannan, a laƙaba musu suna kamar "falsafar almuru", a ce magabata suna da wata makarantar tunani da ke ɗaukaka zaman tsakani, har a ƙaga mata shika-shikai. Rubutun zai yi daɗin karatu, amma ba gaskiya ba ne. Waɗannan abubuwa ba daga tushe ɗaya suka fito ba. Takaba hukunci ne na shari'a da ya zo a Suratul Baƙara. Tsare yara da almuru yana da madogara a hadisin da Buhari da Muslim suka ruwaito, sannan ya haɗu da tsoron iskoki da ya girmi zuwan Musulunci. Zaure kuwa batu ne na sutura da tsarin gida. Babu wata kalma guda a harshen da ta game su duka, kuma rashin kalmar ba ƙaramar shaida ba ce ga mai nazarin harshe.

Bugu da ƙari, Bahaushe bai cika yabon zaman tsakani ba. Tsaka mai wuya yake kiransa, ko ya ce gaba kura baya siyaki. Abin da yake so shi ne a raɗa suna, a kai amarya ɗakinta, a fita takaba lafiya. Falsafar da za ta ce magabatansa sun mayar da almuru abin bege ta juya masa tunani ne baibai.

Ba yau aka fara irin wannan ƙaƙe ba. Daga 1760 James Macpherson ya riƙa fitar da waƙoƙin da ya ce fassara ce ta wani tsohon mawaƙin Sukotilan mai suna Ossian, Turai ta ɗauka da zafi, alhali mafi yawansu aikin hannunsa ne. A 1983 Eric Hobsbawm da Terence Ranger suka shirya littafi sukutum a kan al'adun da aka ƙirƙira jiya-jiya aka kuma shafa musu furfura. Sai dai akwai wani misalin daban. Marubucin Ajantina, Jorge Luis Borges, ya ƙaga duniya guda a wani gajeren labarinsa na 1940, da harsunanta da makarantun falsafarta, kuma babu wanda ya zarge shi da ha'inci, domin a matsayin ƙagaggen labari ya gabatar da ita.

Wannan bambanci shi ya kamata malamin gobe ya riƙe. A darasin ƙagaggun labarai, ba laifi ya umarci ɗalibai su ƙirƙiri wata al'umma mai girmama almuru, su tsara mata malamai da ƙa'idoji. Aiki ne da zai wasa ƙwaƙwalwa ya kuma faɗaɗa kalmominsu. A darasin al'ada kuwa, duk da'awar da ta fara da "Bahaushe ya yi imani" tana buƙatar a san wane Bahaushe, na wane gari, a wane zamani, kuma daga bakin wa aka ji. Bamagujen ƙauye da malamin zaure a birnin Kano ba lallai su ba da dalili ɗaya na tsoron almuru ba, ko da kuwa dukansu suna kiran yara su shigo gida. Abin da malami ya rubuta a allo a ƙaramar sakandare, yara arba'in ko fiye za su kwafe shi, su haddace, su mayar masa a jarrabawa, wasunsu kuma su koyar da shi bayan shekara goma ba tare da sun taɓa tambayar kakarsu ba.