Jirgin Joola: Shekara Goma Sha Biyu Na Aiki Da Daren Da Ya Kife

Kowace shekara, ran 26 ga watan Satumba, mutanen ƙasar Senegal sukan taru a birnin Ziginshor da birnin Dakar domin yi wa mamatan jirgin ruwan nan mai suna Joola addu'a. A duk taron, iyalan mamatan suna maimaita roƙo guda ga hukuma: a ciro gawar jirgin daga ƙarƙashin teku, su sami damar binne ƴan uwansu. Ya kamata masu karatu, musamman ma'aikatan gwamnati, su san tarihin wannan jirgi tun daga farkonsa, domin abin da ya kai shi ga halaka ya daɗe yana taruwa kafin daren da ya kife.

Wanda ya dubi taswira zai ga ƙasar Gambiya ta shiga cikin Senegal ta kusa raba ta biyu. A kudu akwai yankin Kazamans, ƙasar ruwa da shinkafa da mangwaro da manja, babban birninta Ziginshor. Mai son zuwa Dakar ta hanyar mota a wancan zamani yawanci sai ya ratsa Gambiya, ya tsaya wa duwan sau biyu, ya kuma jira jirgin fito a bakin kogi, domin ba a buɗe gadar Farafenni ba sai a shekarar 2019. Bayan wannan, tun shekarar 1982 tawaye ya tashi a Kazamans, hanyoyi suka zama na tsoro saboda ƴan bindiga da nakiyoyin da aka binne. Saboda haka hanyar teku ta zama ita ce mafi sauƙi, mafi araha, mafi kwanciyar hankali ga talaka.

An ƙera Joola a garin Germersheim na ƙasar Jamus, ya fara aiki a shekarar 1990. Tsawonsa ya kusa mita 80. An ƙayyade masa fasinja 536 da ma'aikata 44, wato mutum 580 ke nan, da motoci 35. An sa masa sunan kabilar Jola, mutanen Kazamans. Da yake dole ya shiga kogin Kazamans har Ziginshor, an yi shi da gindi marar zurfi. Irin wannan ƙira tana da amfani cikin kogi, amma a teku tana bukatar a kula ƙwarai da yadda aka raba nauyi, a kuma cika tankunan ruwan da ke ƙasansa masu riƙe shi daidai.

Sau biyu a mako jirgin yake zuwa ya dawo. A hanya yakan tsaya a tsibirin Karaban, inda babu matsayar jirgi a lokacin, sai kwale-kwale ke kawo mutane da kaya a hau da su daga gefe. Mata ƴan kasuwa su ne manyan abokan cinikinsa, suna kai kayan lambu da manja da busasshen kifi kasuwannin Dakar. Akwai kuma ƴan lakol da ɗaliban jami'a, da sojoji da iyalinsu, da baƙi masu yawon buɗe ido. Daga tsakiyar shekarun 1990, saboda halin tsaro, gwamnati ta danƙa tafiyar da jirgin a hannun rundunar sojin ruwa. Nan aka sami tangarɗa ta farko: jirgin ƴan kasuwa ne, ma'aikatar sufuri ke da alhakin bincikensa, amma masu tuƙa shi suna karɓar umarni daga wata ma'aikata dabam. Inda shugabanni suka zama biyu, kowa yakan zaci ɗan uwansa ya duba.

Shekara bayan shekara jirgin yana ɗaukar fiye da ƙa'ida, yana kuma isa lafiya, har abin ya zama al'ada. A watan Satumba na 2001 ya tsaya cik saboda lalacewar inji. Ya yi kusan shekara guda ana gyara, aka canza masa injin hagu, ya koma aiki ran 10 ga Satumba 2002. A wannan shekara ta rashin jirgi kaya sun taru, mutane sun ƙagara, ga kuma hutun lakol ya zo ƙarshe.

Ran Alhamis 26 ga Satumba 2002, da misalin ƙarfe ɗaya da rabi na rana, Joola ya tashi daga Ziginshor. Tikitin da aka sayar bai wuce dubu da ɗan kai ba, wanda shi ma ya kusa ninka ƙa'ida. Ƙananan yara ba su biya, sojoji da danginsu da masu sanayya suna shiga kyauta, a Karaban kuma aka ƙara mutane da kaya. Da ƙarfe goma na dare jirgin ya yi magana da Dakar ta rediyo, ya ce tafiya lafiya. Wajen ƙarfe goma sha ɗaya, a gefen tekun Gambiya, hadari ya taso da iska da ruwa. Jirgin ya karkata, motocin da ba a ɗaure ba suka gangara gefe guda, ruwa ya shiga ta tagogin da aka bari buɗe, cikin ƴan mintoci kaɗan ya kife.

Masunta masu kwale-kwale su ne suka fara tsamo mutane. Agajin hukuma bai iso ba sai da gari ya waye, alhali jirgin yana kife bisa ruwa har bayan azahar, da mutane masu rai a cikinsa. Mutum 64 kaɗai suka tsira, mace ɗaya tak a cikinsu. Gwamnati ta ƙidaya mamata 1,863, ƙungiyoyin iyalai kuwa suna cewa sun fi haka. Wannan adadi ya wuce na jirgin Titanic da ya nutse a shekarar 1912.

Shugaba Abdoulaye Wade ya amsa cewa alhakin yana wuyan gwamnati. Ministan sufuri da ministan soji suka ajiye aiki, a watan Nuwamba kuma aka sauke faraminista Mame Madior Boye da gwamnatinta. An yanke diyyar miliyan 10 na kuɗin sefa a kan kowane mamaci. Amma a shekarar 2003 shari'ar Senegal ta rufe maganar, ta ɗora laifi a kan kwamandan jirgin, wanda ya mutu a cikin hatsarin. Da yake akwai Faransawa cikin mamatan, wani alƙali a Faransa ya ba da sammacin kama manyan jami'an Senegal 9 a shekarar 2008. Wannan shari'a ita ma an rufe ta a 2014, babbar kotun Faransa ta tabbatar da rufewar a 2018. Ba wanda aka hukunta.

Kazamans ta zauna babu jirgi har 2005, lokacin da aka kawo wani mai suna Wilis. A 2008 jirgin Aline Sitoé Diatta ya kama aiki, a 2015 aka ƙara Aguène da Diambogne. Aka mayar da tafiyar da layin hannun farar hula, aka gina matsaya a Karaban, aka tsananta ƙidayar fasinja. Duk waɗannan gyare-gyare abu ne da ake iya yi tun kafin 2002. Rigakafi ya fi magani.

Mu a Nijar ba mu da teku, amma muna da kogi. Kafin a buɗe gadar Kennedy a shekarar 1970, jirgin fito ne ke ƙetarar da mutane da motoci a Yamai, har yau kuma kwale-kwale na ɗaukar jama'a ranar kasuwa daga Ayoru zuwa Gaya. Kowa ya taɓa ganin babbar mota maƙare da buhuna, mutane zaune bisa kaya. Tarihin Joola yana nuna cewa hatsari yakan fara ne a tebur: ma'aikacin da ya sa hannu a takardar bincike bai je ya duba ba, babban da ya ba ɗan uwansa izinin shiga kyauta, jandarman da ya ga lodi ya wuce kima ya kawar da kai. Kowannensu yana ganin alheri ya yi, ko kuwa abin ƙarami ne. Adadin da aka rubuta a jikin jirgi ko mota amana ce a hannun mai tuƙi da mai bincike, fasinja kuma yana da haƙƙin ya ƙi hawa in ya ga an cika. Allah ya ji ƙan waɗanda suka rasu, ya kiyaye matafiya.