A Raba Hatimi Da Tsubbu, A Mayar Da Shi Ajin Lissafi

Tun daga zamanin Shaihu Ahmad al-Buni, mutumin Annaba ta ƙasar Aljeriya, wanda ya rasu wajen shekarar 1225, har zuwa yau da ake sayar da Shamsul Ma'arif, littafin da ake jingina masa, a rumfunan littattafai na Kano da Zariya da Damagaram, akwai wata falsafa da ta samu wurin zama a zukatan jama'a, wadda ke da'awar cewa kowane harafi yana da ruhi da ɗabi'a, wannan na wuta, wancan na ruwa, wani na iska, wani na turɓaya, kuma wai idan aka san adadinsa, aka zuba shi cikin gidajen hatimi a sa'ar da ta dace, zai jawo arziki, ya ɗaure bakin maƙiyi, ya karkato zuciyar wadda ake so. A ganina wannan falsafa ƙagaggiya ce, 'yan Adam ne suka gina ta da hannunsu. Sai dai a ƙarƙashinta akwai ilmi na haƙiƙa, wanda muka sakar wa masu tsubbu, alhali kuwa gadonmu ne.

Hujjata a kan ƙagen tana cikin hisabin kansa. Malaman Gabas da na Magrib ba su yi ittifaƙi a kan adadin haruffa ba: harafin sin 60 ne a Masar, amma 300 ne a Fas, harafin shin kuwa 300 ne a Masar, 1000 a Fas. Saboda haka sunan Musa, idan aka lissafa shi bisa ƙa'idar Gabas, 116 zai bayar, bisa ta Magrib kuwa 356. To, da a ce asirin yana cikin zatin harafin, da bai sauya ba don kawai matafiyi ya ƙetare hamada. Ga shi kuma mutanen ƙasar Sin sun san hatimi mai gida tara tun da daɗewa, suna girmama shi, ba tare da alif ko ba a cikinsa ba. Ibn Haldun ma, a cikin Muƙaddima, ya yi dogon bahasi a kan ilmin asiran haruffa, ya kuma haɗa hukuncinsa da na sihiri.

Amma a dubi hatimin da idon basira. Lambobi ne daga 1 zuwa 9, an jera su 4, 9, 2 a sama, 3, 5, 7 a tsakiya, 8, 1, 6 a ƙasa, ta yadda duk inda mutum ya bi, a tsaye ko a kwance ko a karkace, 15 zai samu. Dalilin kuwa a fili yake: jimlar lambobin 45 ce, aka raba ta layi uku; kuma da yake layuka huɗu ne ke ratsa gidan tsakiya, jimlarsu 60, wato sun ɗara 45 da 15 saboda an ƙirga gidan nan sau uku fiye da ƙima, babu abin da zai iya zama a cikinsa face 5. Wannan burhani ne tsantsa, wanda yaron da ya iya tarawa da rabawa zai fahimta a zama ɗaya.

Kuma muna da magabaci a wannan fanni. Muhammadu ɗan Muhammadu al-Fulani al-Katsinawi, wanda ya bar ƙasar Hausa ya yi hajji, ya rubuta littafi da Larabci wajen shekarar 1732 a kan hanyoyin gina hatimai masu gidaje mara, irin mai biyar-biyar da ke ba da 65 da mai bakwai-bakwai da ke ba da 175, sa'an nan ya rasu a Alƙahira a 1741 a gidan Shaihu Hasan al-Jabarti, mahaifin mashahurin marubucin tarihin Masar. Gaskiya ne shi ma ya yi talifi a kan ɗalasimai da taurari, kamar yawancin ma'abota wannan ilmi a zamaninsa. Amma abin da masana lissafi ke ambatonsa da shi a yau ƙa'idojin nan ne, waɗanda kowa zai iya jarrabawa da alƙalami da tawada.

Abin da ke ci mini rai shi ne, wannan hatimi mai gida tara, da tsoffin littattafai suka ce yana sauƙaƙa naƙuda, har yanzu ana wanke shi a bai wa mace ta sha, tana ta fama, ana jinkirta kai ta asibiti har lokaci ya ƙure. Ina roƙon ma'aikatun ilmi na jihohinmu da su sanya hatimi da tarihin al-Katsinawi cikin manhajar lissafi ta firamare, su kuma gayyato alarammomin tsangaya, waɗanda da yawansu sun iya zuba shi da ka, su zauna da malaman boko a tsara darasin tare, a koya wa yara yadda ake gina mai biyar-biyar da dalilin da ya sa kowane layinsa yake ba da 65.