Manga na sake rayuwa: hali ba ya canjawa don an canja gari



A fadojin matasanmu yau, tsakanin shayi na farko da na ukku, da wuya a rasa wanda ya duƙufa kan salula yana kallon zanen Japan, wanda yara ke kira manga. Ana tura shi daga waya zuwa waya, da fassarar Faransanci a ƙasa. Nau'in da ya fi shiga ransu shi ne wanda Japanawa ke kira isekai: mutumin da ya gaza a duniyarsa ya mutu ko ya ɓace, sai ya farka a wata duniya ta tsafi da takubba.

Mu Musulmi mun san babu wata sake haihuwa bayan mutuwa, sai kabari da hisabi. Wannan tatsuniya ce. Amma me ya sa ta kama zukatan yaranmu? A ganinmu amsar ba ta da nisa. Saurayin da ya faɗi BEPC sau biyu, ko ya samu BAC ya rasa aiki, shi ma mafarkinsa ke nan: ya farka a wani wuri inda ba a san shi ba. Wani ya kira wurin Libiya, wani Aljeriya, wani Jado wajen zinariya.

To, waɗanda suka fi kyau cikin finafinan nan ba su barin mai kallo cikin wannan mafarki. Ku ɗauki Re:Zero da ya fito a 2016. Farkonsa raha ce: Subaru ya fito daga kanti ya tsinci kansa a wata duniya, yana ta baki, yana ganin shi ne gwarzo. Sannan labarin ya juya. Duk lokacin da aka kashe shi sai ya dawo baya, shi kaɗai ke tuna azabar, kuma ba ya iya faɗa ma kowa. A kashi na 13 girman kansa ya kunyata shi gaban manya, ya sha kashi hannun Julius, Emilia ta rabu da shi. Sai a kashi na 18 ya yarda da bakinsa cewa ya ɓata shekarunsa bai koyi komi ba. Daga nan gyara ya fara.

Haka Mushoku Tensei na 2021. Ɗan shekara 34 da ya kulle kansa a ɗaki, har ya ƙi zuwa jana'izar iyayensa, ya dawo jariri mai suna Rudeus. Sabon jiki, sabon gida, amma tsoron fita waje ya biyo shi, sai da malamarsa Roxy ta fitar da shi. Daga baya wata masifa ta tarwatsa garinsu, ya sake haɗuwa da ubansa Paul ya zama mashayi, suka yi faɗa. Dariya ta koma kuka.

Gizo na tatsuniyarmu jiya da yau duk ɗaya ne, wayonsa ba ya ƙarewa. Waɗannan kuwa suna canjawa, amma wahala da kunya da neman gafara ne suka canja su, ba sabon gari ba.

Iyaye, wannan juyin ya shafe ku. Kada ku ga zane ku ce na yara ne. Kashin farko na iya zama wasa, na goma jini ne. Mushoku Tensei ma akwai batsa a ciki wadda ba ta dace da yaro ba ko kaɗan. Ku tambayi abin da ake kallo, ku duba da idonku.

Matasa kuma, ba mu ce kada ku tafi bida ba, kakanninmu ma sun yi cin rani. Sai dai wanda bai iya riƙe jaka ɗaya a kasuwar Tasawa ba, ba zai riƙe miliyan a Sabha ba. Gyaran hali ba ya jiran mota ta tashi daga tasha.

Ku faɗa mana ra'ayinku. Allah ya shirya mana zuri'a.