Peter Mettler da Kyamarar da Ba Ta Wa'azi

A harkar fim darakta ake yi wa kirari, mai ɗaukar hoto kuwa sunansa na can ƙasa, yana fitowa bayan 'yan kallo sun miƙe. Peter Mettler, wanda aka haifa a Toronto ta Kanada a 1958 kuma iyayensa 'yan Suwizalan ne, yana cikin ƙalilan da suka riƙe sana'o'in biyu. Shi ya ɗauki hoton finafinan farko na Atom Egoyan, Next of Kin a 1984 da Family Viewing a 1987, sannan a nasa finafinan yakan ba da umarni kyamara na hannunsa. A ganina haɗa ayyukan nan ne ya koya masa abin da yawancin masu fim ɗin gaskiya suka kasa koya, wato barin hoto ya kafa hujja da kansa ba tare da an ɗora masa lacca ba.

Petropolis na 2009 ne babbar shaida. Ƙungiyar Greenpeace reshen Kanada ce ta ɗauki nauyinsa, a kan yankin Alberta inda ake haƙo yashi mai haɗe da kwalta a tace ɗanyen mai daga cikinsa. Wani daraktan da masana zai jera suna zuba alƙaluma. Mettler ya hau jirgi mai saukar ungulu ya ɗauko yankin daga sama, kusan babu magana. Ana farawa da daji kore shar da kogin Athabasca, sannu a hankali ƙasa ta koma baƙa, a ga tafkunan dagwalon masana'anta, mai na yawo a samansu launi-launi, manyan motocin kwasar yashi kuma sun zama kamar tururuwa. Girman ɓarnar shi ne maganar, kuma girma abu ne da adadi a takarda ba ya sa mutum ya ji shi a jikinsa.

Masu suka na da hujja, kuma ba ta raini ba ce. Suna cewa hoton ya yi kyau fiye da kima, har mutum ya shagala da tsarin launi ya manta guba yake kallo. Ga shi daga sama ba a ganin fuskar 'yan asalin yankin da ke zaune a ƙasan kogin. Batun fuskokin gaskiya ne, giɓi ne a fim ɗin. Amma zargin kyau bai karɓu ba. Wanda aka nuna wa ƙazanta tsirara kau da kai yake yi, kyan hoton ne ke riƙe idonsa har ya gane abin da yake kallo, ganewar da ya yi da kansa kuwa ta fi wadda aka cusa masa daɗewa a rai. Shirun ya kuma kare fim ɗin daga zama tallar waɗanda suka biya kuɗinsa, domin ma'aikacin kamfanin mai zai iya musa jawabin ɗan fafutuka, amma ba zai ce ramin ba ya nan ba.

Akwai kuma masu cewa finafinansa na da jan rai. Haka ne: Gambling, Gods and LSD na 2002, wanda ya bi ta Toronto da Las Vegas da Suwizalan da Indiya, awa 3 ne, duk da haka ya ci kyautar Genie ta Kanada. A Picture of Light na 1994 ya je Churchill ta Manitoba cikin tsananin sanyi don ɗaukar hasken nan da ke rawa a samaniyar ƙurewar arewa, kuma jiran da aka sha ya zama rabin labarin. Sai dai jinkirin nan aiki yake yi. A Manufactured Landscapes na Jennifer Baichwal, 2006, wanda shi ya ɗauki hotonsa, kyamara ta yi kusan minti 8 tana tafiya a gefen layukan ma'aikata a wata masana'anta a China ba tare da an yanke ba. Da an taƙaita shi zuwa daƙiƙa 20, da sai an ɗauko mai sharhi ya faɗa mana cewa wurin na da girma.